Kotu ta kori ƙarar zambar fili: tambayoyi da amsoshi ga masu saye da sayarwa a Gombe

Wanda ya saba zama a bencin kotun majistare a Gombe ya sha ganin wannan. A kira ƙara, a karanta tuhuma: haɗa baki, cin amana, zamba. Fuloti ne a Tumfure ko wajen Baifas, an biya kuɗi, fili bai zo hannu ba. A yi wata takwas ana ɗage zama, rana ɗaya alƙali ya ce maganar ba ta laifi ba ce, ya sallami wanda ake ƙara. Mai ƙara ya fito yana tafa hannu yana salati, 'yan rakiyarsa suna cewa an sayi shari'a. Sau da yawa ba a sayi kowa ba, ƙofar da aka ƙwanƙwasa ce ba ita ba. Ga tambayoyin da aka fi yi a kan wannan. Ba za su ɗauke maka zuwa wurin lauya da takardunka a hannu ba, amma za ka je da sanin abin da za ka tambaye shi.

Idan an ce an soke shari'a, an wanke mutumin ke nan?

Ba koyaushe ba. A bakin jama'a duk “an kori ƙara” ne, a takardar kotu kuwa kowanne da sunansa. Akwai ƙarar da ake kora don mai gabatar da ƙara ya yi ta fashin zuwa ko ya kasa kawo shaidu. Akwai wadda kotu ke cewa ba ta da hurumin saurare. Akwai wadda Babbar Kotu ke rushewa tun daga tushe, don ko an yarda da duk abin da mai ƙara ya faɗa, bai kai laifi ba. Sai kuma wadda aka saurari shaidu har ƙarshe, alƙali ya ce an sallame shi kuma an wanke shi. Wannan ta ƙarshen ce wankewa ta sosai. Don haka kafin murna ko kuka, a je rajistara a karɓi kwafin hukuncin, a ga kalmar da alƙali ya rubuta.

Na biya kuɗi, ban samu fili ba. In wannan ba zamba ba ce, to mece ce zamba?

Nan ne gizo yake saƙar. Dokar laifuka da Arewa ke aiki da ita tun 1960, wato Penal Code, ta yi bayanin zamba a sashe na 320, hukuncinta kuma yana sashe na 322: ɗaurin da zai iya kai shekara 3, ko tara, ko duka biyun. (Wasu jihohi sun sabunta kundinsu, lambobin sun canza, ma'anar tana nan.) Abin da alƙali ke nema shi ne yaudara a lokacin da kuɗin ya bar hannunka. Ya faɗa maka abin da ya san ƙarya ne, ka yarda, ƙaryar ce ta sa ka zaro kuɗi. Idan niyyarsa mai kyau ce ranar ciniki, daga baya abu ya lalace, ya saɓa alkawari ne, kuma saɓa alkawari ba ya kai mutum gidan gyaran hali.

A ɗauki misali. Malamin makaranta ya tara naira miliyan biyu, dillali ya ɗauke shi a babur suka je bayan gari. Aka nuna masa turaku huɗu da aka kafa, faɗi ƙafa hamsin, tsawo ɗari, filin awon igiya. Mai filin ya fito da takardar cinikin da ya saya da ita shekarun baya, da hatimin mai unguwa a ƙasa. Aka rubuta sabuwa, shaidu biyu suka sa hannu, aka yi fatiha, dillali ya soke la'adarsa a aljihu. Bayan damina malam ya kai tifar yashi da bulo ɗari biyar, sai ga wani dattijo da 'ya'yansa sun tsaya a kai suna cewa gonar mahaifinsu ce, ba a taɓa raba ta ba. Malam ya koma wurin wanda ya sayar masa, shi kuma ya ce: “Wallahi malam, ni ma saye na yi, ga takardata, ka ba ni lokaci.”

Ran malam zai ɓaci, kuma da gaskiyarsa. Amma idan mutumin nan da gaske saye ya yi, bai san da maganar magada ba, babu zamba a nan. Akwai bashin miliyan biyu, akwai rigimar mallaka. Duka biyun ana bin su ne ta ƙarar neman haƙƙi, wadda a harabar kotu ake ce wa sibil.

Yanzu a canza abu ɗaya. A ce tun bara dattijon ya kai wa mai filin gargaɗi a gaban mai unguwa, ko kuma takardar da ya nuna wa malam shi ya zauna ya ƙirƙire ta. Shi ke nan, labari ya sha bamban. Fili ɗaya, kuɗi ɗaya, amma yanzu akwai abin da ya sani ya ɓoye.

Wanda ya sayar da fuloti ɗaya ga mutum biyu ko uku fa?

Wannan da wuya ya fake da “sibil ne”. Ranar da ya karɓi kuɗin mutum na biyu ya san filin ya riga ya bar hannunsa. Takardun ciniki biyu masu kwanan wata daban, da sa hannunsa a kan kowacce, sun ishi kotu ta ce ya zo ya kare kansa. Idan aka gurfanar da shi a ƙarƙashin dokar damfara ta tarayya ta 2006, wadda EFCC ta fi amfani da ita, hukuncin ba ya yin ƙasa da shekara 7, yana iya kaiwa 20, kuma babu zaɓin tara. Irin wannan tuhuma Babbar Kotu ce ke sauraronta, ta jiha ko ta tarayya, ba majistare ba.

Ni abin da ke ba ni haushi shi ne yadda 'yan damfarar gaske suka haddace kalmar sibil fiye da lauyoyi. Ka kama mutum dumu-dumu, ya ɗan mayar maka da dubu ɗari biyu, ya sa a rubuta yarjejeniyar biyan sauran kaɗan-kaɗan, gobe lauyansa ya ɗaga takardar a kotu ya ce, “Ya mai shari'a, bashi ne tsakaninsu.” Mayar da kuɗi ba ya goge laifin da aka riga aka aikata, amma yana dagula hujja. Kada ka sa hannu a irin wannan takarda sai wanda ya san doka ya karanta maka.

Yayanmu ya sayar da gonar gado ba da saninmu ba. Mu kai shi wurin 'yan sanda?

Ku fara tambayar kanku: wa ya yaudara? Ku bai karɓi ko sisi daga hannunku ba, bai yi muku ƙaryar da ta sa kuka ba shi wani abu ba. In akwai wanda aka yaudara, mai sayen ne. Shi ya sa tuhumar zamba da magada ke kaiwa takan faɗi. Tuhumar takardar jabu ita ma sai an lura. Idan ya rubuta sunansa, ya sa hannunsa, ya ce gonar tasa ce, ya yi iƙirarin ƙarya ne, amma takardar ba ta jabu ba ce. Idan kuwa ya kwaikwayi sa hannunku, ko ya dangwala yatsan wani ya ce na Hajiya ne, ko ya sassaƙa hatimin dagaci, wannan jabu ne, kuma sashe na 364 na Penal Code ya tanadi ɗaurin da zai iya kai shekara 14.

Akwai kuma cin amana, sashe na 311 da 312, mai ɗaurin har shekara 7. Wannan yana buƙatar a nuna an damƙa masa abin amana ne. Misali kun wakilta shi ya sayar ya kawo kuɗi a raba, ya sayar ya cinye. In ba haka ba, hanyarku ita ce kotun da ke raba gado, ku nemi a raba, a rushe cinikin a kan kasonku. Kada kuma ku yi ta jan ƙafa don kunyar Yaya. A fiƙihun Malikiyya da kotunanmu ke bi akwai hauzi: wanda ya zuba ido bare yana riƙe da filinsa, yana gini yana noma shekara 10, bai yi magana ba kuma babu abin da ya hana shi, da'awarsa tana iya faɗuwa.

To ba aikin 'yan sanda ba ne su karɓo min kuɗina?

A'a, kuma doka ta faɗa ƙarara. Sashe na 32 na dokar 'yan sanda ta 2020 ya hana kama mutum don kawai ya saɓa yarjejeniya ko don rigimar da ba ta laifi ba. Sashe na 8 na dokar gudanar da shari'ar laifuka ta tarayya ta 2015 ya riga ya faɗi haka, Gombe kuma ta yi tata dokar a kan wannan tsari. Kotun Ƙoli ta sha nanatawa. A 2018, a shari'ar bankin Diamond da Opara, ta ce EFCC ba hukumar karɓar bashi ba ce. A 2020 ta yanke hukunci a wata shari'a da ta taso daga kotun majistare a Kaduna, ta wani mai suna Kure, wanda aka ba kwangilar kawo ɗan raƙumin dawa bai kawo ba. An same shi da laifin zamba da cin amana, daga baya Kotun Ƙoli ta rushe hukuncin ta ce saɓa kwangila ne. Ba fili ba ne, amma ma'aunin ɗaya ne, kuma lauyoyi suna jawo ta kullum a rigimar filaye.

Na san dalilin da ya sa mutane ke bin ofishin 'yan sanda: sauri. Mutum ya kwana biyu a bayan kanta, danginsa su sayar da akuya su kawo rabin kuɗi. Wani lokacin hakan yana ci. Ranar da bai ci ba kuwa, ka yi shekara biyu kana sintiri a shari'ar da ba ta taɓa tambayar wane ne mai fili ba, wancan kuma ya kai gini linta.

Ni ake tuhuma, kuma na san rigimar iyaka ce kawai. Ta ina lauyana zai bi?

Hanyoyin suna da yawa, kowacce da lokacinta. Tun ana ofishin 'yan sanda, in an tsare ka fiye da ƙa'ida ko ana yi maka barazanar kamu don a matsa ka biya, ana shigar da ƙarar kare haƙƙin ɗan Adam a Babbar Kotu. Sashe na 35 na tsarin mulkin 1999 ya ce a kai wanda aka kama gaban kotu cikin kwana ɗaya idan akwai kotu a tazarar kilomita 40, in babu, kwana biyu. A cikin garin Gombe babu uzurin nisa. Sai dai kotu ba ta cika hana 'yan sanda bincike ɗungurungum ba, abin da take hanawa shi ne wuce gona da iri.

In an riga an kai ka majistare, da rahoton 'yan sanda ko da ƙarar kai tsaye, lauya yana iya ƙalubalantar hurumi, ko ya roƙi Babbar Kotu ta janyo shari'ar gabanta ta rushe. A Babbar Kotu kuma yana iya cewa takardun shaidar da aka haɗa da tuhumar ba su nuna wani laifi da ya rataya a wuyanka ba. A kan wannan dalili ne Kotun Ƙoli ta soke tuhumar da aka yi wa Mohammed Abacha a 2002 game da kisan Kudirat Abiola. Amma tun daga 2015 ƙofar nan ta ƙuntata. Dokar tarayya ta ce ana iya sukar ingancin tuhuma, sai dai hukunci a kan sukar yana jiran ranar yanke shari'a, kuma ta hana dakatar da shari'ar laifi don an ɗaukaka ƙara a kan wani ɓangare. An yi haka ne saboda manyan da ke riƙe shari'a shekara goma da ƙananan roƙe-roƙe, ƙurar kuma ta shafi kowa. Dokokin jihohi da dama sun kwafi tsarin.

Hanyar da ta fi aiki a zahiri ita ce a bari masu ƙara su gama kawo shaidunsu, sannan lauya ya miƙe ya ce, “Ya mai shari'a, babu abin da wanda nake karewa zai amsa.” A nan ne tambaya ɗaya takan rusa gini. A tambayi mai ƙara, “Alhaji, me kake so kotu ta yi maka?” Ya ce, “Ni dai kuɗina nake so, ko a ba ni wani filin.” Alƙali ya rubuta, lauya ya zauna.

Sai hanyar Antoni Janar na jiha. Sashe na 211 na tsarin mulki ya ba shi ikon karɓe shari'ar laifi ko dakatar da ita kafin a yanke hukunci. Ana rubuta masa koke ta ma'aikatar shari'a. Wanda ba shi da kuɗin lauya ya nemi ofishin hukumar ba da agajin shari'a ta ƙasa.

An sallame shi. Filin ya zama nasa ke nan?

Ko kusa. Kotun laifi ba ta raba fili. Abin da ta ce shi ne ba a tabbatar da laifi ba, kuma ma'auninta mai tsauri ne: sai an kawar da duk wani kokwanto mai ma'ana. A ƙarar neman haƙƙi kuwa wanda hujjarsa ta rinjaya shi ke ci, ko da da kaɗan ne. Mutum yana iya fita fes daga tuhumar zamba ranar Litinin, a umarce shi ya tashi daga filin a wata kotun ranar Alhamis.

Wace kotun? Dokar amfani da ƙasa ta 1978 ta raba. Filin da ke da shaidar mallaka ta gwamna, ko yake cikin yankin da aka ayyana birni, sashe na 39 ya ce Babbar Kotu ce kaɗai. Filin karkara da ke ƙarƙashin ƙaramar hukuma, kotun yanki tana da hurumi bisa sashe na 41, kuma tun hukuncin Adisa da Oyinwola na 2000 Babbar Kotu ma tana iya saurare. A unguwannin da garin Gombe ya mamaye cikin ƙasar Akko, inda jiya gona yau fuloti, wannan tambaya ba ƙarama ba ce. Shigar da ƙara a kotun da ba ta da hurumi asarar shekaru ce.

Abu ɗaya da za a kiyaye: idan a ƙarar neman haƙƙin ka ce takardarsa ta jabu ce, dokar shaida ta 2011 ta ce sai ka tabbatar da wannan zargin da ma'aunin shari'ar laifi.

Kuɗina fa?

Idan an same shi da laifi, kotu tana iya umartarsa ya biya diyya ko ya mayar da abin da ya karɓa. Idan an kori ƙarar, babu wannan umarni, sai ka shigar da ƙarar neman kuɗinka. Ba dole ba ne ka jira ta laifin ta ƙare, ana iya tafiyar da su tare. Kuma akwai wa'adin da doka ta gindaya wa ƙarar kuɗi da ta fili, ba ya tsayawa don kana zarya ofishin 'yan sanda.

Za a iya sake kama shi a kan maganar?

Idan wankewa aka yi bayan shari'a, sashe na 36(9) na tsarin mulki ya hana sake gurfanar da shi a kan laifin, sai da umarnin kotun da ke sama. Idan kora ce don rashin hurumi, ko rashin zuwan masu ƙara, ko Antoni Janar ne ya janye, ana iya dawo da ita. Ka kuma sani a ƙarar da 'yan sanda suka shigar, kai shaida ne kawai, ɗaukaka ƙara yana hannun gwamnati, wa'adinsa kuma gajere ne.

Dillali da mai unguwa da suka sa hannu, su ma suna ciki?

Sa hannu a matsayin shaida ba laifi ba ne. Dillalin da ya nuna fili ya ci la'ada, bai san akwai matsala ba, sau da yawa sunansa ne na farko da ake cirewa. Amma dillalin da ya tsaya a cinikin farko, ya dawo ya tsaya a na biyu a kan fuloti ɗaya, zai sha wuyar cewa bai sani ba, kuma sashe na 97 na Penal Code, na haɗa baki, yana jiransa. Haka mai unguwar da ya buga hatimi sau biyu.

An kulle ni kwana huɗu a kan ƙarya. Zan iya neman diyya?

Za ka iya. Sashe na 35(6) na tsarin mulki ya ce wanda aka kama ko aka tsare ba bisa ƙa'ida ba yana da haƙƙin diyya da neman afuwa a bainar jama'a. Shi kuma wanda ya kai ka, ana iya ƙararsa idan ka nuna shi ya tura shari'ar, ta ƙare a kan nasararka, ba shi da dalili mai ma'ana, kuma da mugun nufi ya yi. Na ƙarshen ne mai wuya. Kai rahoto ga 'yan sanda da zuciya ɗaya ba laifi ba ne, ko da daga baya an ga kuskure ne. Wanda ya kwashi 'yan sanda a motarsa, ya nuna ka da yatsa, ya tsaya a kanta yana cewa kada a ba da beli sai an biya shi, shi ne ya saka kansa.

Mun sasanta a gaban manya. Ƙarar ta mutu?

Sai kotu ta ce ta mutu. Zamba da wasu ƙananan laifuka ana karɓar sulhu a kansu, amma a je gaban alƙali a faɗa, a rubuta. Takardar jabu da tuhumar EFCC ba a kashe su a zauren Hakimi.

Ina ganin labaran kotunan Indiya suna soke irin waɗannan shari'o'i. Ya shafe mu?

Hukuncinsu ba ya ɗaure alƙalinmu, amma dangantakar ta kusa ce. Dokar laifukan Arewa an ɗauko ta daga ta Sudan, ita kuma daga ta Indiya ta 1860. Abin da muke ce wa 419, lambar da ta fito daga kundin laifukan Kudu, su 420 suke cewa. Manyan kotunansu suna da iko na musamman, a sashe na 482 na tsohuwar dokarsu ta 1973, na tsayar da shari'ar da aka shigar don musgunawa, shi ya sa labaran suke da yawa. A 2009, a shari'ar Mohammed Ibrahim da Jihar Bihar, Kotun Ƙolinsu ta ce wanda ya sayar da filin da ba nasa ba da sunan kansa bai yi takardar jabu ba, kuma mai saye ne ke da bakin kukan zamba, ba wani na gefe ba. Sun sauya kundin laifukan nasu a 2024, lambobin sun canza.

Ina shirin biyan kuɗin fuloti a makon nan. Me zai taimake ni idan abu ya ɓaci?

Kada ka yi cinikin biri a sama. Je GOGIS, hukumar bayanan filaye ta jihar, a duba ko filin yana cikin shimfiɗar da gwamnati ta sani da sunan wanda ke kai. In mai satifiket ne, sashe na 22 na dokar 1978 ya ce sai da amincewar gwamna ake sauya hannu. Tambayi maƙwabtan fulotin ba tare da dillali yana tsaye ba. In na gado ne, ka ga magadan da idonka, mata ma, ba babban wa kaɗai ba. Biya ta banki, zuwa asusun mai filin, ka rubuta dalilin biya.

A cikin takardar ciniki kuma a sa layi ɗaya da yawancin masu rubutawa ke tsallakewa: mai sayarwa ya tabbatar filin nasa ne, bai taɓa sayar wa kowa ba, bai jinginar ba, babu wanda ya taɓa yi masa magana a kai. Ya sa hannu, ya dangwala yatsa, a sa kwanan wata. In gaskiya ya faɗa, layin bai cuce shi da komai ba. In ƙarya ce, ga ta nan a rubuce, ranar da ya karɓi kuɗinka.